Na'urar Naɗe Lokaci a Duniyar Pratchett

A shekarar 2001 marubucin Ingila Terry Pratchett ya fitar da Thief of Time, littafi na 26 a jerin labaransa na Discworld, shimfiɗaɗɗiyar duniyar nan da ke bisa gadon bayan giwaye huɗu, su kuma suna tsaye a kan wani ƙaton kunkuru. A cikin labarin akwai wasu sufaye da suka keɓe a wani kwari tsakanin duwatsu, ba su da aiki sai kula da lokaci. Kayan aikinsu ginshiƙai ne masu juyawa da ake kira Procrastinator, ƙanana na alli da katako, manya kuwa na dutse. Idan ginshiƙi ya juya ta wannan fuska sai ya naɗe lokaci yadda mazari ke naɗe zare, idan ya juya ta waccan sai ya warware shi. Da haka suke kwaso lokaci daga inda ake asararsa, misali ƙarƙashin teku, su kai birane inda kullum ba ya isar mutane.

Abin da ya sa wannan na'ura ta kama hankali shi ne ba ta ƙirƙirar ko daƙiƙa ɗaya. Duk abin da ta ba wani wuri, daga wani wurin ta ciro shi, kuma dole lissafi ya tashi daidai. Wannan ita ce dokar da masana kimiyya suka sani game da makamashi: ba a halittarsa, ba a hallaka shi, sai dai ya sauya wuri ko kama. Masu kula da babban layin wutar lantarki da ita suke kwana suke tashi. A Turai da Afirka wutar tana bugawa sau 50 a daƙiƙa, kuma bugun ba ya tsayawa a haka sai wutar da tashoshi ke bayarwa ta yi daidai da wadda ake sha. A farkon 2018 wani saɓani tsakanin Sabiya da Kosobo ya sa wutar da ke shiga layin Turai ta ɗan gaza. Bugun ya ragu kaɗan, sai ga agogunan jikin rediyo da murhun lantarki, waɗanda da bugun wuta suke ƙirga lokaci, sun yi lattin kusan minti shida a ƙasashe da dama.

Mai ilimin kimiyya zai ce kwatancen ya karye tun daga tushe, domin makamashi ana iya tara shi a batir ko a bayan madatsar ruwa, lokaci kuwa ba abu ba ne da za a ɗora a ginshiƙi. Gaskiyarsa. Abin da Einstein ya nuna shi ne gudun lokaci yana bambanta daga wuri zuwa wuri, shi ya sa agogunan taurarin GPS ke riga na ƙasa da kimanin kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa kowace rana, har sai an gyara. Gyara ake yi, ba wanda ya taɓa ajiye rarar a rumbu. Sai dai labarin ƙirƙira bai ɗauki alkawarin bin dokar duniyarmu ba, alkawarinsa shi ne ya riƙe dokar da ya kafa wa kansa ko da ta matse shi. Pratchett ya riƙe ta. Ranar da zauren ginshiƙan ya rikice, suka yi ta gudu har gindinsu na hayaƙi, rarar shekarun da ta taru ba ta ɓace ba, a teku aka juye ta, kuma irin wannan juyi ne ke sa masunta su jawo kifin da aka ɗauka ya ƙare tun zamanin da. Abin dariya ne, amma dariyar da lissafi a ƙarƙashinta.

Wani kuma zai tambaya: in daidaito ake nema, me ya hana a ƙera na'urar da za ta gama aikin gaba ɗaya? Littafin ya ƙera ta, kuma ita ce masifar labarin: agogon gilashi mai auna mafi ƙanƙantar bugun duniya, wanda da zarar ya kama aiki lokaci ya tsaya cak, kowa ya sandare inda yake. Ginshiƙan sufayen kuwa kullum cikin kuskure da gyara suke, ana ƙara nan ana rage can. Layin wuta ma bai taɓa zama a kan 50 cif ba, yana hawa yana sauka ana bin sa. Da injiniyoyin Turai suka tashi biyan mintocin nan shida, ɗaga bugun suka yi zuwa 50.01 na tsawon makonni, har agogunan suka cim ma lokaci a watan Afrilu.