Sunan Cedric: Abin da Tarihi Ya Tabbatar da Abin da Aka Ƙaga

Cedric, wanda Turawan Ingila ke furtawa kamar "Sedrik", suna ne na namiji da ba a cika jin sa a ƙasar ba a wannan zamani, domin ya daɗe ba ya shiga jerin sunaye ɗari da iyaye suka fi raɗa wa 'ya'yansu maza. Duk da ƙarancin nasa, littattafan da ke koya wa iyaye zaɓen suna sun jingina masa asali da ma'anoni iri-iri: wasu sun ce tsohon sunan Sakson ne da ya haura shekara dubu, wasu sun ce ma'anarsa "shugaban yaƙi", wasu sun danganta shi da wani itace, wasu kuma da wani waliyyin Kirista. Mafi yawan waɗannan maganganu ba su da tushe, kaɗan daga cikinsu kuma gaskiya ce da aka yi wa ƙari.

Abin da masana sunaye suka yi ittifaƙi a kai shi ne cewa sunan, a wannan siga tasa, ya fito ne daga alƙalamin Walter Scott, marubucin ƙagaggun labarai ɗan ƙasar Sikotland, wanda aka haifa a Edinburgh a 1771 ya rasu a 1832. A watan Disamba na 1819 aka buga littafinsa mai suna Ivanhoe cikin juzu'i uku, ko da yake shekarar 1820 aka rubuta a shafin farko, kuma a cikinsa ne aka haɗu da Cedric na Rotherwood, wani dattijon basarake Basaksone mai taurin kai, mahaifin jarumin labarin. Sakson, tare da Angal, su ne ƙabilun da suka ƙetaro daga arewacin Jamus zuwa tsibirin Birtaniya tun daga ƙarni na 5, harshensu kuma shi ake kira Tsohon Ingilishi. Normawa kuwa su ne mayaƙan da suka zo daga arewacin Faransa suka ci Ingila a 1066. Scott ya ɗora labarinsa a wajajen 1194, zamanin Sarki Richard na Ɗaya, ya nuna Cedric a matsayin mutumin da bai taɓa yafe wa Normawa ba, har ya kori ɗansa na cikinsa saboda ya bi sarkinsu kuma ya so Rowena, yarinyar da ke hannunsa, wadda shi yake son ya aurar wa Athelstane domin a farfaɗo da sarautar Sakson. Ganin cewa mai sunan a cikin labarin Basaksone ne na gani kashe ni, masu karatu suka ɗauka sunan ma haka yake, kuma daga nan ruɗanin ya samo asali.

Akwai dalilin da ya sa kunnen Bature ya karɓi sunan ba tare da gardama ba. Sunayen Sakson na gaskiya galibi harɗaɗɗu ne, wato kalmomi biyu ake haɗawa, kuma da yawa suna ƙarewa da gaɓar "ric", mai nufin mulki ko iko: akwai Godric, da Wulfric, da Leofric, da Edric, waɗanda suka cika kundin ƙidayar filaye da ake kira Domesday, wanda aka kammala a 1086. Tsakanin Edric da Cedric harafi ɗaya ne kawai, sai dai gaɓar farko ta Edric kalma ce sananniya mai nufin arziki, alhali Cedric ba ya cikin sunayen da masana suka tattara daga takardun wancan zamani. Sunan da ke akwai, wanda ake kyautata zaton daga shi Scott ya ɗauko nasa, shi ne Cerdic, inda harafin "r" ya rigayi "d". Wannan sauyin shi masana harshe ke kira musayar gurbi, wato sautuka biyu su canja wuri a cikin kalma, kamar yadda Bahaushe ke cewa bagaruwa ko gabaruwa, gauraya ko garwaya. Ana yawan faɗin cewa tuntuɓen alƙalami Scott ya yi, wasu ma su ɗora laifin a kan masu ɗab'i, amma babu wata shaida da ta tsayar da hakan, kuma mutumin da ya karanci tsoffin kundaye kamar yadda Scott ya yi yana iya juya haruffan da gangan domin sunan ya yi kama da 'yan'uwansa masu ƙarewa da "ric". Hatta lafazin sunan yana tona asirin shekarunsa, domin harafin "c" a Tsohon Ingilishi ko dai "k" ake karanta shi ko kuma irin "c" ta Hausa, ba a taɓa karanta shi "s" ba; lafazin "Sedrik" na mutanen ƙarni na 19 ne da suka ga sunan a takarda kafin su ji shi a bakin kowa.

Shi kansa Cerdic, a nan ne maganar ta fi zurfi. Kundin tarihin da ake kira Anglo-Saxon Chronicle, wanda aka fara harhaɗawa a ƙarshen ƙarni na 9, zamanin Sarki Alfred, ya ce Cerdic da ɗansa Cynric sun sauka a gaɓar kudancin Birtaniya cikin jiragen ruwa biyar a shekarar 495, suka karɓi sarautar Wessex, wato ƙasar Sakson ta Yamma, a 519, sannan Cerdic ya mutu a 534. An rubuta wannan bayani ne kusan shekara ɗari huɗu bayan aukuwar abin, a fadar sarakunan da ke ikirarin su jikokinsa ne, don haka masana ba sa ɗaukar shekarun yadda suke. David Dumville, bayan ya kwatanta jerin sarakunan, ya matso da mulkin Cerdic zuwa tsakanin 538 da 554, Kenneth Sisam kuma tun a 1953 ya nuna cewa salsalar da ta kai Cerdic ga gunkin nan Woden aro aka yi daga salsalar sarakunan Bernicia da ke arewa. Abin da ya fi ɗaure kai shi ne sunan wannan kakan Sakson ba na harshen Sakson ba ne. Masana da dama na ganin sa a matsayin Ceretic, suna daga harshen Birtaniyawan asali, mutanen da ke tsibirin tun kafin zuwan Rumawa, waɗanda harshensu ya haifi harshen Wales na yau, inda sunan ya zama Ceredig, har akwai lardin da ake kira Ceredigion. Hujja mai ƙarfi a nan ita ce malamin nan Bede, wanda ya kammala tarihin cocin Ingila a 731, ya ambaci wani sarkin Birtaniyawa da wannan suna na Cerdic. A cikin zuriyar Wessex ɗin ma an sake samun irin haka, domin Cædwalla, wanda ya yi mulki daga 685 zuwa 688, sunansa na Birtaniyawa ne. Ke nan sunan da Scott ya zaɓa don ya zama tutar Sakson, idan aka bi diddiginsa, na mutanen da Sakson suka tarar ne suka mamaye.

Daga nan ne ma'anar "abin ƙauna" ko "wanda ake so" ta shigo, domin ana danganta Ceretic da saiwar kalma "car", mai nufin so a harsunan Birtaniyawa, wadda kuma ake gani a sunan Caratacus, sarkin da ya yi wa Rumawa turjiya bayan mamayarsu ta shekarar 43, aka kama shi aka kai shi Rum, Sarki Claudius ya bar shi da rai. Wannan ita ce ma'ana mafi kusa da hujja, amma sai an taka matakai biyu na hasashe kafin a isa gare ta, na farko cewa Cedric daga Cerdic yake, na biyu cewa Cerdic daga wannan saiwa yake, don haka wanda ya rubuta ta a matsayin tabbatacciyar fassara ya wuce gona da iri.

Sauran ma'anonin ba su kai ko nan ba. "Shugaban yaƙi" an same ta ne ta hanyar tsaga sunan gida biyu, a ɗauko "cad", wadda ke nufin yaƙi a harshen Wales, a liƙa mata "ric", alhali babu wata tsohuwar takarda da ta nuna an taɓa haɗa su ta wannan siga aka samu Cedric. Haka ma fassarar da ke cewa sunan yana nufin mai yawan kyauta, wadda aka gina a kan kalmar Wales "ced": kama ce ta haruffa kawai, ba a nuna wata hanya da ta kai ta ga Scott ba. Danganta shi da itacen sida na Labanan, wanda ake kira al'ul, ya fi kowanne rauni, domin sunan itacen daga Girkanci ya shiga Latin sannan ya shiga Faransanci da Ingilishi, bai taɓa haɗa hanya da sunayen Birtaniya ba.

Batun waliyyi yana da ɗan kamshin gaskiya. A Faransa, inda al'adar Katolika ta ware wa kowane suna ranar waliyyinsa, kalandoji na sanya Cédric a ranar 7 ga Janairu, amma wanda ake tunawa a ranar shi ne Cedd, bishop na Sakson ta Gabas, wanda ya yi tafinta a babban taron coci na Whitby a 664, annoba kuma ta kashe shi a wannan shekarar a Lastingham. Mutum ne na tarihi, Bede ya ba da labarinsa, kuma ɗakin ibadar da ake danganta masa a Bradwell yana tsaye har yau, sai dai sunansa Cedd, kuma an rataya masa Cédric ne daga baya domin a samar wa sunan gurbi a kalanda. Ita kuwa maganar cewa gidan sarautar Birtaniya na yanzu daga Cerdic ya fito, salsalar tana da ƙwari daga Sarki Egbert, wanda ya hau mulki a 802, zuwa gaba, musamman ta auren Henry na Ɗaya da Matilda ta Sikotland a 1100; abin da ke bayan Egbert kuwa ya dogara ne ga jerin da 'yan fada suka rubuta.

Farin jinin sunan ba Ivanhoe kaɗai ya kawo shi ba. Frances Hodgson Burnett, wadda aka haifa a Manchester a 1849 ta yi ƙaura zuwa Amurka, ta fitar da Little Lord Fauntleroy kashi-kashi a wata mujallar yara daga 1885, aka buga shi littafi a 1886, kuma jaruminsa Cedric Errol ne, yaro ɗan talakawa a birnin New York da aka gano shi ne magajin wani attajirin basarake na Ingila, ya je ya tausasa zuciyar kakan nasa da kyakkyawan hali. Zane-zanen da Reginald Birch ya yi wa littafin sun nuna yaron cikin kwat da gajeren wando na karammiski, da faffaɗar kwalar leshi, gashinsa a nannaɗe har kafaɗa, kuma iyaye mata a Amurka da Ingila suka dinga ɗinka wa 'ya'yansu irin wannan shiga, yaran na so ko ba sa so. Sir Cedric Hardwicke, fitaccen ɗan wasan kwaikwayo da aka haifa a 1893, da Cedric Gibbons, wanda ya zana mutum-mutumin kyautar Oscar, duk 'yan wannan zamani ne. Amma abin da ya ɗaga sunan shi ya kayar da shi, domin yaran da aka tilasta wa karammiski sun girma da haushin abin, a fim ɗin 1921 ma mace ce, Mary Pickford, ta fito a matsayin Cedric, sannu a hankali sunan ya koma na zolaya a Ingila, ana jifan shagwaɓaɓɓen ɗan masu kuɗi da shi.

A wajen Ingila wannan tambari bai bi shi ba. Kamfanin Nissan na Japan ya fitar da wata babbar mota a 1960 ya sa mata suna Cedric, daga wannan yaro na littafin Burnett. A Faransa da Beljiyam sunan ya yi tashe sosai a shekarun 1970 da 1980, har Raoul Cauvin da Laudec suka fara labarin zanen barkwanci mai suna Cédric a 1986, kuma cikin 'ya'yan wannan tashe akwai Cédric Villani, masanin lissafi da ya sami lambar Fields a 2010. Ta hanyar Faransanci ne sunan ya bazu a ƙasashen Afirka rainon Faransa da Beljiyam, shi ya sa masu bin ƙwallo suka san Cédric Bakambu na Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kwango, ban da Cédric Soares na Fotugal da ya taka leda a Arsenal. A Amurka ya fi yawa a shekarun 1970, musamman tsakanin baƙaƙen fata, irin su ɗan barkwancin nan Cedric the Entertainer da aka haifa a 1964. Saboda haka zancen da matasa ke yi cewa J. K. Rowling, marubuciyar Harry Potter, ce ta ƙirƙiro sunan, ko ita ta fito da shi, bai inganta ba: Cedric Diggory ya bayyana a littafin Harry Potter na uku a 1999, wato shekara 180 bayan Ivanhoe, ya mutu a na huɗu a 2000, Robert Pattinson ya fito a matsayinsa a fim ɗin 2005, kuma duk da shaharar labarin sunan bai shiga cikin ɗari na farko a Ingila ba.

Iyayen da ke zaɓen sa a yau suna yi ne saboda gajere ne, gaɓa biyu, kowa ya san shi amma ba kowa ke da shi ba, kuma yana tafiya lafiya a bakin mai Ingilishi da mai Faransanci. Waɗannan dalilai ne ingantattu, ba sa buƙatar a ƙaga masa ma'anar yaƙi ko waliyyi. Wanda ya ce Cedric sunan Sakson ne mai shekara dubu ya yi kuskure. Shekarunsa ɗari biyu ne da 'yan kai, mai shi kuma Walter Scott.