Yadda ake karanta lamba T50.Z92A

A asibitocin Amurka, idan likita ya gama duba mara lafiya ya rubuta abin da ya gani, fayil ɗin yakan wuce hannun wani ma'aikaci wanda galibi bai taɓa ganin mara lafiyar da idonsa ba. Aikinsa shi ne ya mai da bayanin likita lambobi. Da lambobin nan kamfanin inshora ke biyan asibiti kuɗinsa, da su kuma hukumomin lafiya ke ƙidayar cututtuka a ƙasa. Kundin da yake aiki da shi sunansa ICD-10-CM. Amurka ta koma kansa ranar 1 ga Oktoba, 2015, kuma a lokacin yana ɗauke da lambobi kusan 70,000, alhali wanda ya gada bai wuce 14,000 ba. Tushensa kundin Hukumar Lafiya ta Duniya ne, Amurkawa suka ɗauka suka faɗaɗa shi don bukatar asibitocinsu.

A cikin wannan tarin akwai wata lamba da kan sa mai karatu ya tsaya ya sake dubawa: T50.Z92A. Ma'anarta ita ce mutum ya sa wa jikinsa allurar rigakafi, ko wani sinadari mai kama da ita, da gangan don ya cutar da kansa, kuma ana cikin yi masa magani. Wa zai yi haka? Da wuya ma'aikaci ya gamu da irin wannan fayil a duk tsawon aikinsa. Amma in aka bi lambar gurbi-gurbi, za a ga dalilin da ya sa take nan.

Gurabe uku na farko, T50, suna faɗin gidan da lambar ta fito. Daga T36 zuwa T50 duk maganar magunguna ce da abin da suke yi wa jiki idan an samu matsala. T36 na magungunan kashe ƙwayoyin cuta ne, T39 ya ƙunshi su farasitamol da asfirin, shi kuwa T50 shi ne na ƙarshe, inda aka tattara ragowar da ba su samu wuri a baya ba. Nan aka ajiye alluran rigakafi.

Gurbi na huɗu da na biyar su ke faɗin wace allura ce. Harafin A na rigakafin cututtukan bakteriya ne: A1 na tarin shiƙa da duk wani haɗi da ke ɗauke da shi, A2 na haɗin da babu tarin shiƙa a ciki, A9 na sauran. Harafin B na cututtukan bairos ne, inda B1 ke nufin rigakafin agana, B9 kuma ya kwashe sauran, irin su ƙyanda da shan inna. Agana dai tun 1980 aka sanar da kawar da ita daga duniya, amma allurarta tana nan a ajiye ana kuma yi wa wasu, don haka ba a cire mata gurbinta ba. Harafin Z shi ne na abin da bai shiga A ko B ba, kuma Z9 na nufin sauran alluran rigakafi da makamantansu.

Gurbi na shida ne zuciyar aikin, nan ne kuma ake yawan kuskure. Yana amsa tambaya ɗaya: ta yaya abin ya faru? Amsoshi shida ne aka tanada. Lamba 1 kuskure ne, 2 cutar da kai da gangan, 3 wani ne ya yi wa mutum don ya cutar da shi, 4 an bincika an kasa gano niyyar, 5 an ba da maganin daidai amma jiki ya nuna illa, 6 kuma an sha ko an yi ƙasa da yadda aka rubuta. Masu tsara kundin ba su zauna suna tambayar wane magani ne mutane ke cutar da kansu da shi ba. Kowane magani sun jera masa amsoshin nan shida, kamar akwatunan wasiƙa a gidan waya, kowace lamba da akwatinta ko wasiƙa ta zo ko ba ta zo ba. Shi ya sa allurar rigakafi ta samu lamba 2, kamar yadda farasitamol ya samu tasa, wato T39.1X2A. Ganin kalmar guba kusa da rigakafi a kundin bai nuna cewa allurar guba ce ba, domin a tsarinsu ko bitamin aka sha fiye da ƙima guba ake rubutawa.

Bari mu ɗauki allura ɗaya, ta tarin shiƙa, mu ga yadda lambar ke sauyawa. An kawo jariri an yi masa ita a kan lokaci, a kan ƙima, da dare jikinsa ya yi zafi, washegari uwar ta dawo da shi. Wannan illa ce ta maganin da aka bayar daidai. Mai sa lamba zai fara rubuta zazzaɓin, R50.83, sannan ya biyo da T50.A15A. To a ce nas ce ta rikice ta yi wa yaron allurar sau biyu a zama ɗaya, ko ta yi masa wadda aka tanadar wa wani. Yanzu an shiga babin guba ta kuskure, T50.A11A, kuma tsarin ya juya: lambar guba ce ke zuwa farko, alamun da suka bayyana a jiki su biyo baya. Allura ɗaya ce, zazzaɓi ɗaya ne, amma labarin da lambobin ke bayarwa ya bambanta, kuma wanda ke duba ingancin allurar a hukumar lafiya yana bukatar ya raba su.

Lamba 2 kuwa tana da sharaɗi mai tsauri. Mai sa lamba ba shi da hurumin yin hasashe. Ko da ya ga a fayil cewa mara lafiyar yana fama da ciwon damuwa, ko ya taɓa yunƙurin kashe kansa a baya, wannan bai isa ba. Sai likitan da ya duba shi ya rubuta a fili cewa da gangan ya yi don cutar da kansa. Idan fayil ya yi shiru kan niyya, ƙa'idar ta ce a sa lamba 1, a ɗauke shi kuskure. Lamba 4 ba mafaka ba ce ga wanda ya ga bayanin bai cika ba, ana amfani da ita ne kawai idan likita ya rubuta cewa ba a iya tantance niyyar ba. Ma'aikacin da ya san aikinsa, in ya ga bayanin na da harshen damo, yakan aika wa likitan tambaya a rubuce ya jira amsa.

A ganina wannan tsaurin ya dace. Lambar da ta shiga tarihin lafiyar mutum takan bi shi asibiti zuwa asibiti, kuma a jingina masa cutar da kai bisa zato ba ƙaramin abu ba ne. Sai dai ƙa'idar tana da nata farashin: duk inda likita ya yi gaggawa, ko ya tausaya wa iyali ya ƙi rubuta abin da ya fahimta, ƙididdigar masu cutar da kansu za ta fito ƙasa da gaskiya, kuma mutumin da ya fi bukatar ganin likitan ƙwaƙwalwa zai iya fita asibiti ba a tura shi ba. Idan an rubuta niyyar, akan ƙara lambar ciwon da ke tattare da ita, kamar damuwa mai tsanani, don hoton ya cika.

Gurbi na bakwai ba shi da wahala. Harafin A yana aiki duk tsawon lokacin da ake maganin matsalar gadan-gadan, ko likitoci nawa suka karɓi mara lafiyar. D na zuwan bibiya ne bayan ya fara murmurewa. S na larurar da abin ya bari a jiki daga baya.

Ƙasashen da ke amfani da kundin Hukumar Lafiya ta Duniya kai tsaye ba za su ga T50.Z92A a nasu ba. A can lambobi biyu ake haɗawa, ɗaya ta faɗi maganin, ɗaya ta faɗi niyyar, kuma cutar da kai da magunguna irin waɗannan tana ƙarƙashin X64. Illar allurar rigakafin da aka yi daidai kuma Y58 da Y59 ke ɗaukarta. Sabon kundin hukumar, ICD-11, ya fara aiki a Janairun 2022, amma asibitocin Amurka ba su bar ICD-10-CM ba, sabunta shi ake yi duk ranar 1 ga Oktoba, don haka ma'aikaci kan duba bugun shekarar da aka ga mara lafiyar kafin ya rufe fayil.