Daga Al Warsan zuwa Hatta: yawon yini guda, a dawo a kwana gida

Duk ɗan Arewa da ke zaune a International City, nan Al Warsan, ya san yadda mako ke ƙarewa: aiki, ɗaki, sai Dragon Mart. Baƙo ya zo daga Kano ko Maraɗi, kantuna kawai ake kai shi. Alhali ga Hatta can cikin duwatsun Hajar, tafiyar kusan awa ɗaya da rabi.

A Sikotland, ɗan jagora kan ɗauki baƙinsa su ga tsohuwar fada, su zaga tafki, su ƙare da ɗanɗana wiski. Hatta ma tana da ukun nan, sai dai na ukunta halal ne. Akwai sansanin da aka gina a 1896, ga hasumiyoyin tsaro bisa tudu. Akwai dam mai koren ruwa, inda ake hayar kwalekwale. Sannan lambun ƙudan zuma, inda za ka lashi zumar sidir, wato dai kurnarmu ta gida.

Amma fa a kula. Titin E44 da ya bi ta gefen unguwarmu yana ratsa ƙasar Oman kafin Hatta, don haka mu baƙi sai mu zaga ta E102, hanyar Sharja zuwa Kalba. Kuma ɗaukar fasinja don kuɗi ba lasisi laifi ne a Dubai. Araha ba ta ado: kafin ka ba da dirhaminka, ka ce a nuna maka takarda.

A bari zafi ya sauka, daga Nuwamba zuwa Maris. A tashi bayan Asuba, Isha'i ta same ka gida.