Hoton Ƙirji Ɗaya da Gardamar Masana

Duk wanda aka taɓa ɗauka hoton ƙirji a wani asibiti a Karu ya ga abin da mai ɗaukar hoton ke yi: sai ya tsayar da majinyaci, shi kuma ya koma bayan katanga kafin ya danna na'ura. Tururin da ke ratsa jiki a wannan ƙiftawar bai wuce milisibat 0.1 ba (milisibat shi ne ma'aunin tururin da jiki ya kwasa). Ko mutum bai taka asibiti ba, yana kwasar kimanin milisibat 2.4 a shekara daga duwatsu, ƙasa, abinci da sararin sama.

To, me mai hoton yake gudu?

Masana ba su da ja kan tururi mai yawa. Tun 1950 ake bibiyar lafiyar mutum kusan 120,000 a Hiroshima da Nagasaki, biranen da aka jefa wa bam ɗin nukiliya, kuma an tabbatar cewa daga wajen milisibat 100 zuwa sama haɗarin ciwon daji yana ƙaruwa. A ƙasa da haka ne aka rabu biyu.

Ɓangare ɗaya na bin Hermann Muller, wanda ya nuna a 1927 cewa tururin yana jirkita ƙwayoyin halittar ƙananan ƙudaje. A ganinsu komai ƙanƙantarsa yana da nasa haɗarin, kuma taruwa yake yi. Ɗaya ɓangaren na cewa jiki yana gyara ƙananan raunuka da kansa. Hujjarsu Ramsar a Iran da Kerala a Indiya, inda ƙasa ke fitar da tururi ninkin-ba-ninkin amma ba a ga ƙarin cutar ƙarara ba. A 2005 majalisar masana kimiyya ta Amurka ta goyi bayan na farko, takwarorinta na Faransa suka ce an zuzuta.

Abin da ya hana raba gardama shi ne ciwon daji yana da yawa ko babu tururi, ɗan ƙari sai ya ɓace cikin lissafi. Binciken 2023 kan ma'aikatan nukiliya kusan 310,000 a Faransa, Birtaniya da Amurka ya ɗan rinjayar da awo wajen ɓangaren farko.

Hukumar NNRA mai sa ido kan tururin nukiliya da ke Abuja, wadda ta fara aiki a 2001, ta ɗauki hanyar rigakafi: iyakar milisibat 20 a shekara ga ma'aikaci. Majinyacin Karu sau ɗaya ya tsaya gaban na'ura, mai hoton kuwa kullum yana ɗakin.