Keke a Unguwar Sabo ta Ibadan da Hanyoyin Adana Tarihinsa

Unguwar Sabo, wadda aka keɓe wa Hausawan Ibadan a shekarar 1916, ta yi suna a wajen masana ta dalilin littafin da Abner Cohen ya wallafa a 1969, inda ya bi diddigin cinikin goro da shanu da kuma ƙarfin masu gida, wato mutanen da ke saukar da fatake, su tsaya musu wajen ciniki da bashi. Sai dai tsakanin tashar jirgin ƙasa, wanda ya iso Ibadan a 1901, da gidajen baƙi da kasuwa, akwai kai-komo na yau da kullum, kuma kafin babur ya mamaye tituna keke ne abin hawan ɗan aike da dillali da malami.

Keken da ya fi daraja a lokacin shi ne Raleigh, ƙirar birnin Nottingham na Ingila, wanda daga baya aka riƙa harhaɗa shi a Kano, kafin Phoenix na ƙasar Sin ya shigo da sauƙin kuɗi. Hawan sha'awa kuwa, wato wanda ba don neman abinci ko gasar hukuma ake yi ba, ya ginu ne a kan hayar keke, inda yaron da ƙafarsa ba ta kai feda ba yakan zura ta ƙarƙashin sandar tsakiya ya tuƙa a karkace, samari kuma su ƙawata nasu da madubai da ƙararrawa da fitila mai dinamo domin yawon Sallah.

Irin wannan al'ada ba ta barin kundi guda, don haka dole a tattaro ta daga wurare mabambanta. Hukumomin gargajiya sun karɓi kuɗin lasin keke a zamanin Turawa, kuma takardun mulkin yankin Ibadan suna gidan adana takardun tarihi na ƙasa da ke harabar Jami'ar Ibadan, wanda Kenneth Dike ya jagoranci kafa shi a 1954. Tallace-tallacen tsofaffin jaridu, irin su Nigerian Tribune da ta fara fitowa a 1949, kan nuna samfurin da ake yayi.

Amma wanda ya kamata a fara zuwa wajensa shi ne tsohon mai gyara, domin takarda tana iya jira, shi kuwa shekaru sun ja. Mutumin da ya daɗe yana faci da ɗaure sarƙa ya san wanda ya fara ba da haya a layinsu, da abin da ake biya, da lokacin da kasuwar ta koma hannun 'yan acaɓa. Ya dace a naɗi hirarsa da Hausa, a kuma ɗauki kwafin tsofaffin hotunan da aka yi tsaye kusa da keke, a rubuta suna da shekara, sannan a bar wa iyalan ainihin hotunansu.