Bayanin Yadda Mulki Ya Juya a Ƙasar Kano, Tun Daga Bagauda Har Zamanin Ƙuri'a

Bismillahir Rahmanir Rahim. Godiya ta tabbata ga Allah, Sarkin da mulkinsa ba shi gushewa. Tsira da aminci su tabbata ga Annabi Muhammadu, da alayensa, da sahabbansa, da wanda ya bi su har ranar sakamako.

Bayan haka, wannan takarda ce da na rubuta a Indabo, cikin ƙasar Wudil, domin almajirai waɗanda suka karanta babin shugabanci da babin hukunci cikin littattafan fiƙihu, kana suka duba ƙasarsu suka ga gwamna da ciyaman da sarki da hakimi, ba su san yadda za su auna wannan da wancan ba. Shekarun da na ambata bisa lissafin Miladiyya suke, sai inda na ce Hijira.

Ka sani, ya kai almajiri, Allah ya yi maka buɗi, kowace daula da mas'ala uku ake gane ta. Ta fari, wa ke naɗa shugaba, wa kuma ke da ikon tuɓe shi. Ta biyu, me ake karɓa daga hannun talaka, ina ake kai shi. Ta uku, wa ke yanke hukunci in mai ƙarfi da mara ƙarfi suka yi jayayya. Sunayen sarauta suna sakewa, tufafi suna sakewa, waɗannan uku ba su sakewa. Da su za mu bi zamunan Kano ɗaya bayan ɗaya.

Fasali na farko, zamanin sarakunan Hausa, waɗanda ake ce da su Haɓe.

Littafin Tarihin Kano ya faɗa, tun ba a yi sarki ba mutane suna zaune gindin Dala, babbansu Barbushe, mai tsafin Tsumburbura. Ikonsa daga tsafi yake. Sa'an nan Bagauda ya zo, aka ƙidaya farkon sarautarsa daga shekara ta 999. Jikansa Gijimasu shi ya fara ganuwa. Ganuwa ita ce farkon daula a ƙasar Hausa, domin ba mai gina ta sai wanda ya iya tara mutane da yawa ya sa su aiki, wanda kuwa ya fake cikinta ranar yaƙi, dole ya biya abin da mai ganuwa ya ɗora masa.

Zamanin Yaji, 1349 zuwa 1385, Wangarawa suka zo daga Malle da Musulunci. Sarki ya karɓi salla, ya naɗa alƙali da liman da ladan daga cikinsu, ya ci Santolo da yaƙi. Tun daga nan alƙalami ya shiga fada. Zamanin Muhammadu Rumfa, 1463 zuwa 1499, aka gina gidan sarki wanda ake zaune cikinsa har yau, aka kafa kasuwar Kurmi, aka yi majalisar da ake kira Tara ta Kano. Shehu Magili, mutumin Tilimsan, ya sauka Kano, ya rubuta wa Rumfa abin da ya wajaba bisa sarakuna: ya naɗa ma'aji amintacce da alƙalai, ya zauna domin jin ƙarar masu rauni, kada ya karɓi dukiya sai ta hanyar halal.

To, a zamanin nan manyan fada su ke naɗa sarki daga zuriyar Bagauda, wani lokaci su tuɓe shi, kamar yadda Madaki Kuma ya tuɓe Kukuna a 1652. Alƙali yana nan, amma takobin sarki ya fi alƙalaminsa tsawo. Game da haraji kuwa, Kutumbi, 1623 zuwa 1648, shi ya fara karɓar jangali daga Fulani. Muhammadu Sharefa, 1703 zuwa 1731, ya ƙago hanyoyi bakwai na tara kuɗi, har bisa aurar da budurwa. Ɗansa Kumbari ya matsa wa kasuwar Kurmi har ta kusa mutuwa, Larabawa suka tashi suka koma Katsina, ya karɓi kuɗi har daga hannun malamai.

Ibn Haldun, wanda ya rasu a Masar a 1406, ya yi bayanin irin wannan cikin Muƙaddimarsa. A ganinsa daula tana tashi da haɗin kan jama'arta, harajinta kaɗan, abin da ke shiga baitulmali da yawa, domin mutane suna aiki da farin ciki. In ta tsufa, hidimar fada ta yi nauyi, sai a ƙara haraji, manomi ya karaya, ɗan kasuwa ya ƙaura, abin da ke shiga ya ragu, a sake ƙarawa. Bai taɓa ganin Kano ba, amma labarin Kumbari ya gaskata shi.

Fasali na biyu, zamanin jihadi.

Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, Allah ya yarda da shi, ya yi hijira daga Degel zuwa Gudu a 1804, daidai da 1218 Hijira. Cikin Kitabul Farƙi ya lissafa abin da ya ƙi na sarakunan Hausa, ya ambaci jangali da kuɗin gari da gaisuwa da sunayensu na Hausa, da karɓar sarauta ta gado da rinjaye ba tare da shawara ba. Malaman Kano suka amsa kiransa, cikinsu har da Malam Bakatsine na Jobawa, mutanen Utai cikin ƙasarmu ta Wudil, gidan da ke riƙe da sarautar Makaman Kano. Aka kashe Alwali, sarkin ƙarshe na Haɓe, a Burumburum a 1807. Malam Sulaimanu ya zama amirin Kano. Malam Abdullahi na Gwandu ya zauna Kano ya rubuta musu Liya'ul Hukkami, domin su san yadda ake mulki bisa shari'a.

Abin da ya sake shi ne, Kano ta zama reshe cikin babbar daula. Masu zaɓen sarki a Kano su kan miƙa suna, Sarkin Musulmi ya tabbatar, Wazirin Sakkwato ya kawo takarda. Alƙali ya sami ƙarfi, ana iya kai ƙara har Sakkwato. Hanyoyi suka buɗe, fatake suka yawaita, saƙa da rini suka bunƙasa.

Amma gaskiya ta wajaba a faɗe ta ko bisa wanda ake ƙauna. Ibrahim Dabo, 1819 zuwa 1846, da tawaye ya kewaye shi, ya mayar da sarautun Haɓe domin ya riƙe ƙasa. Jangali ya dawo, gaisuwa ta dawo. Bature Barth, wanda ya kira kansa Abdulkarim, ya shigo Kano a 1851, ya tarar kowane maigida yana biyan wuri 2,500 kuɗin ƙasa, kowace tukunyar karofi wuri 700. Hakimai suna zaune cikin birni, jakadu su ke fita ƙauye, abin da jakada ya ci a hanya babu mai rubutawa. Bayi suna noma cikin rinji, ana kai wasu Sakkwato tare da dawaki da riguna.

Da Sarki Muhammadu Bello ya rasu a 1893, Sarkin Musulmi Abdurrahman ya naɗa Tukur, alhali zukatan mafi yawan manyan Kano suna ga Yusufu ɗan Abdullahi Maje Karofi. Yusufawa suka fita suka yi sansani a Takai. Yusufu ya rasu a Garko, ƙanensa Alu ya karɓi jama'a, ya ci birni a 1894, aka kashe Tukur a 1895. Wannan ita ce Basasa. Musulmi ya kashe Musulmi bisa mas'ala ta fari, watau wa ke naɗa shugaba. Shekara 8 bayan ƙarewarta baƙo ya tsaya bakin ganuwa.

Fasali na uku, zamanin Nasara.

Wakilan ƙasashen Turai sun taru a Barlin, ƙasar Jamus, a 1884 da 1885, suka shirya ƙa'idar rabon Afirka. Daga nan Ingila da Faransa suka ja layi bisa taswira, Katsina ta faɗa hannun Ingila, Maraɗi hannun Faransa, alhali harshe ɗaya ne, zuriya ɗaya. Ka lura da wannan. Daulolin dā mutane suke mallaka: inda aka daina kawo gaisuwa, nan ƙasar sarki ta ƙare, tsakaninsa da maƙwabci daji ne. Daular yanzu ƙasa take mallaka, da iyaka ƙayyadaddiya, duk wanda ke cikin layi nata ne ko ya so ko ya ƙi.

Ranar 3 ga Fabrairu 1903, cikin 1320 Hijira, sojan Ingila suka shiga Kano, Alu yana hanyar dawowa daga Sakkwato. Sakkwato ta faɗi ranar 15 ga Maris, aka kashe Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi cikin Yuli. Daga hijirar Shehu zuwa nan shekara 99. Gwamna Lugga ya naɗa Abbas, aka kai Alu Lokoja, can ya rasu a 1926.

Nasara ba su rushe sarauta ba, sai suka hau bisa wuyanta. Naɗi da tuɓewa suka koma hannun gwamna. Aka fitar da hakimai daga birni, kowa ya zauna cikin gundumarsa. Aka ƙidaya mutane, aka auna gonaki, aka daina karɓar wuri sai kuɗin Turawa. Aka kafa baitulmalin En'e, aka yanka wa sarki da hakimi da alƙali albashi, kaso mai yawa na haraji yana tafiya ga gwamnati. Jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, manomi ya shuka gyaɗa domin ya sami kuɗin biya. A 1914 aka haɗa Arewa da Kudu aka ce Nijeriya. Aka rufe kasuwar bayi, aka hana bauta ɗungum a 1936. Alƙali ya zauna bisa shimfiɗarsa, amma an hana yanke hannu, hukuncin kisa kuwa sai gwamna ya yarda. A dā talaka in zalunci ya ishe shi ya kan ƙaura, sarki ya ji tsoron ƙasarsa ta zama kufai. Da Razdan ya tsaya bayan sarki da bindiga, wannan tsoro ya ragu.

Fasali na huɗu, zamanin ƙuri'a.

A 1950 aka kafa jam'iyyar NEPU a Kano, Malam Aminu Kano ya zama jagoranta, suna kuka da zaluncin En'e. Nijeriya ta sami mulkin kai ranar 1 ga Oktoba 1960. A 1963 gwamnatin Sardauna ta sa Sarki Sanusi ya yi murabus. Soja suka karɓi mulki a 1966, suka yanka Jihar Kano a 1967, Audu Bako ya zama gwamnanta. Cikin shekarun nan aka karɓe kotu da 'yan doka da gidan yari daga hannun sarki. A 1976 ƙananan hukumomi suka maye gurbin En'e. A 1978 doka ta danƙa ƙasa ga gwamna. A 1979 Gwamna Abubakar Rimi ya hau, ya soke haraji. Soja suka sake dawowa a 1983, farar hula suka karɓa a 1999.

Yau jiha 36 ce a Nijeriya, ƙaramar hukuma 774, Kano tana da 44, Wudil ɗaya ce cikinsu. Sarki uba ne, ana girmama shi, amma gwamna da majalisar jiha su ke da iko bisa kujerarsa. An ga haka a 2019 da aka yanka masarautu huɗu daga Kano, da 2020 da aka tuɓe Muhammadu Sanusi na biyu, da 2024 da aka soke dokar aka mayar da shi, al'amarin ya kai gaban kotu.

To, auna zamanin nan da mas'aloli uku. Naɗi da tuɓewa, bisa takarda, suna hannun duk wanda ya kai shekara 18, namiji da mace, bayan kowace shekara 4. Babu talakan da ya sami wannan zamanin Rumfa ko zamanin Dabo. Hukunci yana hannun kotuna, an faɗaɗa shari'ar Musulunci a Kano a 2000, amma tsarin mulkin ƙasa shi ke bisa dukan kotuna. Dukiya kuwa, mafi yawanta daga Abuja take zuwa kowane wata, daga asusun da man fetur ya daɗe yana cika shi. Nan cutar take. Wanda ya sayar da akuyarsa ya biya haraji ya kan tambayi inda kuɗinsa ya tafi. Wanda bai ga an karɓa daga hannunsa ba, sai ya zaci dukiyar ba tasa ba ce, in aka haƙa masa rijiya ya ɗauka kyauta ce, ya yi godiya kamar maroƙi. Alhali yana biya bai sani ba, domin akwai kashi 7.5 cikin 100 bisa kayan kanti da katin waya tun 2020, ban da kuɗin da ake karɓa a kasuwa da tasha.

Kammalawa.

Ya ku almajirai, ku riƙe abu uku. Na fari, ƙuri'a shaida ce, wanda ya sayar da ita da taliya ko sabulu ya yi shaidar zur, ya kuma ɗauki rabo cikin zaluncin wanda ya ɗora. Na biyu, kuɗin gwamnati baitulmali ne, haƙƙin maraya da majinyaci da matafiyi yana ciki, tambayar inda ya shiga ba rashin ladabi ba ne, in an yi ta da ladabi. Na uku, malami ya tsare bakinsa daga gaisuwar masu mulki, domin wanda ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Magili da Shehu da Malam Abdullahi sun iya faɗa wa sarakuna gaskiya domin sun fi ƙarfin abin hannunsu.

Ku kuma guji fitina da zubar da jini, Basasa ta ishe ku wa'azi. Ganuwar Gijimasu ta zube, ana noma da gini bisa gurbinta, amma hisabin wanda ya karɓa da wanda ya yi shiru yana nan gaba.

Allah ya ba mu shugabanni masu adalci, ya sa mu zama talakawa masu gaskiya, ya gafarta wa wanda ya rubuta, da wanda ya kwafa, da wanda ya karanta, da iyayensu da malamansu. Amin. Tamat, da godiyar Allah.