Daga Maganisiya Zuwa Gombe: Asali da Ma'anonin Kalmar "Maganaɗisu"

1.0 Gabatarwa

Aron kalmomi ɗabi'a ce ta kowane rayayyen harshe. Sai dai sau da yawa mai nazarin kalmomin aro a Hausa yakan tsaya ne da zarar ya gano cewa kalma daga Larabci ta fito, alhali kuwa shi ma Larabcin arowa ya yi. Kalmomi irin su alƙalami da dirhami da falsafa duk Larabawa daga Girkanci suka samo su. Daga cikin wannan rukuni akwai "maganaɗisu", wadda ta bambanta da sauran domin tushenta sunan wuri ne. Wannan maƙala za ta bi diddigin kalmar, ta nuna yadda aka hausantar da ita, sannan ta dubi ma'anoninta da yadda ake sarrafa ta a garin Gombe. A ƙarshe za ta auna ta da takwararta "mayen ƙarfe" dangane da koyar da kimiyya cikin Hausa.

2.0 Tushen Kalmar

Girkawan dauri sun san wani baƙin dutse mai jawo ƙarfe, suna kiransa magnetis lithos, wato "dutsen Maganisiya". Wurare biyu ake danganta sunan da su. Na farko shi ne yankin Maganisiya na ƙasar Tasaliya a gabashin Girka, wanda har yanzu yake amsa wannan suna, kuma babban birninsa Volos. Na biyu birni ne a gindin dutsen Sifilus cikin tsohuwar ƙasar Lidiya, shi ne Manisa ta ƙasar Turkiyya a yau. Ko wanne aka ɗauka, sunan yana komawa ne ga wata al'ummar Girkawa da ake kira Magnetes.

Akwai kuma wata ruwaya da marubucin Rum, Filini Babba, wanda ya rasu a shekarar 79 miladiyya, ya kawo. A cikinta wani makiyayi ne mai suna Magnes ya ji ƙusoshin takalminsa da ƙarfen sandarsa sun manne a dutse yana cikin kiwo. Wannan ya fi kama da irin labaran da jama'a kan ƙirƙira don bayyana asalin suna, kamar yadda ake samu game da sunayen garuruwa a ƙasar Hausa.

Tun farkon al'amari dutsen ya ɗaure wa mutane kai. Arisɗo ya ruwaito cewa Talis na Militus, wanda ya rayu a ƙarni na 6 kafin miladiyya, yana ganin dutsen na da rai tun da yana motsa ƙarfe. Aflaɗon kuwa ya kamanta shi da baiwar waƙa, wadda kan ratso daga mawaƙi zuwa mai rerawa har ta kai ga mai sauraro, kamar yadda zoben ƙarfe kan riƙe wani zoben idan na farko ya taɓa dutsen. Ke nan ma'anar zahiri da ta kamance tare suka taso, kuma tare suka iso Hausa.

3.0 Daga Larabci Zuwa Hausa

Kalmar ta shiga Larabci da siffar maghnaaɗiis, ta kuma zauna da gindinta a zamanin fassarar littattafan Girkawa a Bagadaza, tsakanin ƙarni na 8 da na 10. Albairuni ya yi bayanin dutsen a littafinsa na ma'adinai. A cikin Alfu Laila wa Laila, wanda Hausawa suka sani da Dare Dubu da Ɗaya, akwai labarin dutsen da kan zare ƙusoshin jirgin ruwa har jirgin ya wargaje.

Greenberg (1947) ya kasa kalmomin Larabci da ke cikin Hausa gida biyu: tsofaffi da suka shigo ta bakin fatake, waɗanda galibi suka taho da harafin "al", da kuma na baya waɗanda malamai suka ɗebo daga littattafai. Siffar "maganaɗisu" tana nuna cewa ta gida na biyu ce, saboda dalilai huɗu.

Na farko, babu ɓurɓushin "al" a goshinta, saɓanin albasa da allura da alƙalami.

Na biyu, baƙin gainun ya koma "g", sannan aka saƙala wasalin "a" tsakaninsa da baƙin da ke biye da shi. Haka aka yi wa maghrib ta koma magariba.

Na uku, baƙin ɗa'un ya koma "ɗ", kamar a ɗalibi da ɗabi'a da ɗawafi da sharaɗi. Wannan shi ne furucin makaranta, domin da wannan harafi ne ake rubuta "ɗ" a ajamin Hausa. A wasu kalmomi kuwa "ts" ya koma, kamar tsibbu daga ɗibb.

Na huɗu, wasalin "u" na ƙarshe alamar rufu'a ce ta nahawun Larabci, wadda mai karatu kan furta amma mai hira a kasuwa ba ya furtawa. Ita ce a gaibu da aibu, da sunaye irin su Umaru da Halidu.

Sakamakon haka aka sami kalma mai gaɓoɓi biyar, kowacce baƙi da wasali: ma-ga-na-ɗi-su. Jinsin namiji ce, shi ya sa ake cewa "maganaɗisun rediyo". Ba ta da jam'in da ya zama ruwan dare, sai dai a ce "maganaɗisu uku".

Ya kamata a lura da wani abu a nan. Gaɓar "ma" ta farko ta yi kama da ɗafa-goshin da Hausa ke gina sunayen kayan aiki da shi, kamar mabuɗi da madubi da magirbi. Haka kuma gaɓoɓi ukun farko sun yi daidai da kalmar "magana". Duk wannan dacewa ce kawai, amma ta taimaka wajen sa kalmar ta yi daɗin faɗa a bakin Bahaushe. Larabci ya ciro aikatau daga cikinta, wato maghnaɗa. Hausa ba ta yi haka ba, sai dai ta kewaya ta ce "sa wa ƙarfe maganaɗisu".

4.0 Ma'anoni da Amfani a Gombe

Gombe wuri ne da ya dace da irin wannan nazari. Modibbo Buba Yero ya kafa masarautar a zamanin jihadin 1804, aka dawo da hedikwatarta mazauninta na yanzu a 1919, garin kuma ya zama babban birnin jiha a 1996. Fulani da Tera da Bolawa da Tangale da Waja da sauransu duk da Hausa suke cuɗanya. Harsuna irin su Fulatanci da Bolanci suna da baƙin "ɗ", don haka furta kalmar ba ya yi wa masu su wuya. Ana iya kasa ma'anoninta uku.

4.1 Ma'anar Zahiri

Wannan ita ce abin nan mai jawo ƙarfe. Masu gyaran rediyo sun san shi a bayan lasifika, teloli na tsince allura da fil da shi, yara kuma na ja da shi cikin ƙasa don tara ƙusoshi. Masu sayen tsofaffin ƙarafa, wato 'yan gwangwan, da shi suke tantance haja, domin yana kama baƙin ƙarfe amma ba ya kama jan ƙarfe ko alminiyam, waɗanda suka fi tsada. Misali:

(1) Ɗora masa maganaɗisu mu gani, in ya kama ba tagulla ba ce.

A bakin makanikai da masu gyaran janareta kuwa akan ji "maganet", daga Ingilishi. Ke nan kalma ɗaya ta Girkanci ta shigo Hausa sau biyu, ta hannun malamai da ta hannun masu sana'ar zamani.

4.2 Ma'anar Kimiyya

A nan kalmar ta tashi daga sunan abu ta koma sunan ƙarfin da ke cikin abin. A shekarar 1600 William Gilbert ya nuna cewa ita kanta duniya babban maganaɗisu ce, abin da ya sa allurar kamfas ke fuskantar arewa. A 1820 Oersted ya gano cewa lantarki na haifar da maganaɗisu, a 1831 kuma Faraday ya gano cewa motsin maganaɗisu na haifar da lantarki. A kan wannan ƙa'ida injinan wuta na madatsar Dadin Kowa suke aiki, haka ma ƙaramin janareta na shago. Misali:

(2) Ƙarfin maganaɗisu yana raguwa idan aka yi nisa da shi.

Daga wannan sunan wuri ne kuma aka sami sunayen sinadarai biyu, maganisiyam da manganis.

4.3 Ma'anar Kamance

Wannan ce ta fi yawa a hira da wa'azi da littattafan ƙagaggun labarai. Duk abin da ke jan hankali ba tare da an ga igiyar da yake ja da ita ba, ana kiransa maganaɗisu:

(3) Muryar malamin nan tana da wani irin maganaɗisu.

(4) Kasuwar hatsi ta zame wa 'yan ƙauye maganaɗisu.

(5) Ya bi ta kamar wanda maganaɗisu ke ja.

A (3) ma'anar ta kusanci kwarjini da farin jini, amma ba ɗaya ba ce da su. Kwarjini na sa a tsaya nesa cikin girmamawa, farin jini na nuna yawan masoya, shi kuwa maganaɗisu ja yake yi ko mutum bai shirya ba. A (5) akwai ƙanshin sihiri, domin wanda ake ja ba shi da zaɓi.

5.0 Maganaɗisu ko Mayen Ƙarfe?

Hausa tana da nata harɗaɗɗen suna, "mayen ƙarfe". An gina shi bisa imanin cewa maye na kama kurwar mutum daga nesa ba tare da ya taɓa shi ba. Wannan hikima ba ta Hausawa kaɗai ba ce, domin Farisawa ma "mai fizgar ƙarfe" suke kiransa. Sunan yana da armashi, kuma yaro na gane shi nan take.

Amma idan aka zo ga koyarwa, wadda Manufar Ilimi ta Ƙasa ta 1977 ta buɗe wa harsunan gida ƙofa a cikinta, sunan yana da rauni ta fuska uku. Da farko, "ƙarfe" a Hausa ya haɗa da jan ƙarfe da farin ƙarfe, sai ɗalibi ya ɗauka duka ake kamawa, alhali ɗan gwangwan ma ya san ba haka ba ne. Na biyu, maganaɗisu ba ja kaɗai yake yi ba: idan aka haɗa kawuna biyu masu kama da juna, ture juna suke yi, sunan maye kuwa bai ƙunshi wannan ba. Na uku, ba ya karɓar ƙari cikin sauƙi. Ana iya cewa "filin maganaɗisu" da "maganaɗisun duniya" da "maganaɗisun lantarki", amma "mayen ƙarfen duniya" ba ya shiga kunne. Ƙari a kan haka, sunan yana jingina abin da kimiyya ta bayyana ga maita.

Abin da ya fi dacewa shi ne raba musu aiki. A bar "mayen ƙarfe" ga ɗan guntun da ake riƙewa a hannu, musamman a azuzuwan farko, a keɓe "maganaɗisu" ga ƙarfin da ƙa'idojinsa. Wajibi ne kuma a riƙa rubuta ta da "ɗ" mai lanƙwasa, domin "maganadisu" da ake yawan gani a rubuce ta saɓa wa furuci da kuma tarihin kalmar.

6.0 Kammalawa

An ga yadda sunan wani yanki na Girka ya zama sunan dutse, ya ratsa Larabci, malamai suka hausantar da shi bisa ƙa'idojin da aka sani, har ya kai ga ma'anoni uku a bakin mutanen Gombe. Nazarin ya nuna cewa siffar kalmar aro tana iya bayyana hanyar da ta biyo da irin mutanen da suka kawo ta. Ya kuma nuna cewa kafin a ƙirƙiri sabuwar kalmar kimiyya, ya kamata a fara duba taskar da malaman zaure suka bari, domin wasu kalmomin da ake nema sun daɗe a cikinta.